Majemar Da Ke Ƙarƙashin Birnin Notingam

A cikin watan Yuli na shekarar 2023 Allah ya nufe ni da zuwa Ingila. Ni dai akawu ne a ofishin masarautar garinmu, aikina rubuta wasiƙu da adana takardu, karatuna kuwa bai wuce makarantar allo da firamare ba, sabo da haka ko a mafarki ban taɓa sa ran taka ƙasar Turawa ba. Dalilin tafiyar shi ne, ƙanena, autan gidanmu, ya ƙare karatunsa a jami'ar wani birni da a ke kira Notingam, ya ce tun da ya ke mahaifinmu ba ya raye, lalle ni ne zan tsaya a madadinsa ran da za a ba su takardar shaida. Ya aiko da kuɗin jirgi, na nemi izni wurin manya, aka ba ni hutun mako uku, na tafi.

Abubuwan da na gani a can suna da yawa, in na ce zan zayyana su duka sai takarda ta ƙare. Guda ɗaya kaɗai na ke so in ba da labarinsa, watau shigar da muka yi cikin kogwannin da ke ƙarƙashin birnin, domin ko da ya ke ba mu cika sa'a guda a ciki ba, abin da ya same ni a wurin har yau bai bar zuciyata ba.

Notingam tana tsakiyar Ingila ne, daga Landan tafiyar kusan sa'a biyu a jirgin ƙasa. Mai karatu ko bai taɓa jin sunanta ba ya san abin da ta haifa, gama a nan ne aka yi shekaru fiye da ɗari ana ƙera keken Raleigh, wanda mu ke kira Rali, har zuwa 2002 da aka daina ƙera shi a garin. Ƙanena ya kai ni wani sashe na jami'arsu, ya ce filin nan da na ke gani da can na masana'antar keken ne. Na tsaya ina duban wurin, sai na tuna da tsohon Ralin mahaifinmu, wanda ya kan ɗaure wa kayan sana'arsa a baya ya kai kasuwa. Ban ce wa yaron kome ba, muka wuce.

Ran Asabar da hantsi ya ce mini, "Yaya, ka ga saman garin nan, yau sai ka ga ƙarƙashinsa." Na ce, "Ƙarƙashinsa kuma? Ai ban zo nan don a binne ni da rai ba." Ya yi dariya, ya ce ai wuri ne da baƙi su ke zuwa kallo kullum, a biya kuɗi, a ba su mai ja-gora ya zagaya da su ya fito da su lafiya lau. Muka tafi tsakiyar gari, ya yankar mana tikiti, muka tsaya tare da waɗansu mutane kamar goma sha biyar, maza da mata da yara. Jim kaɗan sai ga wata Baturiya, dattijuwa, da tocila a hannunta, ta gaishe mu, ta ce ita ce za ta ja mu, kowa ya lura da kansa, don rufin ya yi ƙasa ƙasa a waɗansu wurare. Turancinta ya yi mini sauri, sai ƙanena ya zama tafintana.

Ba zan ɓoye ba, da muka fara sauka kan matakala gabana ya faɗi. Tun ina yaro ba na son rami, ko leƙa rijiya ba na iya yi. Hasken rana ya yanke, sanyi mai laima ya buge ni, ƙarar motoci ta ɗauke ɗif, sai na ji kamar ana nuna mini kwanciyar kabari tun kafin lokacina. Na karanta abin da ya sauwaƙa, na tuna da samarin nan da labarinsu ya zo cikin Suratul Kahfi, waɗanda kogo ya zama musu mafaka. Sa'an nan na ga wata yarinya da ba ta fi shekara shida ba tana tsallen matakala tana dariya, kunya ta kama ni, na daure na bi sahu.

Da muka taru a kogon farko, ga fitilun lantarki an maƙala jikin bango, sai matar ta fara bayani. Ta ce duk kogwannin garin nan babu ko ɗaya da ruwa ya zaizaye, ko girgizar ƙasa ta tsaga, dukansu hannun ɗan Adam ne ya haƙa. An ƙidaya fiye da 800, kuma har yanzu a kan ci karo da waɗansu in ana haƙar harsashin gini. Abin da ya sa haka, birnin yana zaune ne a kan wani irin dutse wanda asalinsa yashi ne ya dunƙule. Yana da laushin da mutum zai sare shi da diga, yana kuma da ƙarfin da zai riƙe rufi bai rufta ba. Na goga yatsana jikin bangon, sai ga yashi yana zubowa, na kuma ga shaidar saran diga jere jere kamar jiya aka yi.

Ta ce al'amarin ya daɗe ƙwarai, gama wani malamin Kirista mai suna Asser, wanda ya rubuta tarihin Sarki Alfred a 893, ya ambaci garin da wani suna mai ma'anar gidan kogwanni. Mutane sun haƙa rijiyoyi a ciki, sun haƙa salga, sun yi ɗakunan ajiya. Masu dafa giya sun fi kowa son wurin, domin sanyinsa ba ya sakewa, rani da hunturu yana wajen awo 14 na ma'aunin zafi. Har sarauta ta taɓa ratsawa ta cikinsu, don a 1330 mutanen Sarki Edward na Uku, yana saurayi, sun bi ta wata hanyar ƙarƙashin ƙasa suka shiga fadar garin da dare, suka kama Roger Mortimer, wanda ya danne mulki a hannunsa.

Ta nuna mana ragowar bangayen wata unguwa da a ke kira Drury Hill. Da can unguwar attajirai ce, amma a ƙarni na 19 ta koma matattarar matalauta, har ya zama iyali guda su kan kama hayar ɗaki ɗaya a ƙarƙashin ƙasa, nan za su dafa, nan za su ci, nan za su kwana, kwalara da tarin fuka da agana suna ta ɗibarsu. Sai a 1845 aka yi dokar da ta hana ba matalauta hayar irin waɗannan ramuka don zama. Ta kuma nuna mana inda mutanen gari suka riƙa fakewa a lokacin Yaƙin Duniya na Biyu, ta ce kogwanni da dama aka gyara don haka, sun kuwa yi rana a daren 8 ga Mayu 1941, da jiragen saman Jamus suka yi wa garin ruwan bama-bamai. Duk wannan na saurara da sha'awa, kamar yadda baƙo ya kan saurari labarin ƙasar da ba tasa ba.

Wurin da ya tsayar da ni dabam ne. Mun sunkuya mun shiga wani kogo mai ginshiƙi a tsakiya, an sassaƙa shi daga jikin dutsen, sai na ga ramuka a ƙasa, waɗansu zagayayyu, a kogon da ke maƙwabtaka da shi kuma waɗansu masu kusurwa huɗu, jere da juna. Tun matar ba ta buɗe baki ba na ji tsigar jikina ta tashi, domin na san abin da na ke kallo. Na kama hannun ƙanena na ce, "Kai, wannan ai majema ce." Ya ce, "Haba Yaya, bari dai mu ji." Sai kuwa ta ce, nan majema ce, kuma ita kaɗai aka sani a ƙarƙashin ƙasa a duk Birtaniya. An fara haƙa kogon wajen 1250, daga baya dutse ya rufto ya cike shi, sa'an nan wajen 1500 majema suka share shi suka kafa sana'arsu. Zagayayyun ramukan ganguna a ke sakawa a ciki, masu kusurwa huɗun kuwa an shafe cikinsu da yumɓu don su riƙe ruwa. A zamanin nan bakin kogon yana buɗe ne wajen wani rafi mai suna Leen, a nan su ke wanke fatu, alhali kuwa ruwan nan shi mutanen gari su ke sha.

A nan tilas in tsaya in gaya wa mai karatu abin da na daɗe ina ɓoyewa. Mahaifinmu majemi ne, ubansa ma majemi ne. A bayan gidanmu akwai ramukan jima da kwatarniyoyi, cikin warinsu aka haife ni, cikinsa na yi wayo. Tun ban isa makarantar allo ba na ke daka bagaruwa, ina tankaɗe toka, ina miƙa wa Baba kartaji. Ban san sana'ar tana da wani aibi ba sai da aka sa ni firamare. Ran da na fara shiga aji wani yaro ya toshe hanci, sauran suka fashe da dariya, daga ran nan sunana ya koma ɗan majema. Na kan yi wanka sau biyu kafin in tafi, duk da haka ba su bari ba. Tun daga sa'an nan na ƙulla a raina, in Allah ya raya ni sai na yi nesa da fata.

Da na sami aikin akawu aka ba ni takarda in cika, da na zo inda a ke tambayar sana'ar uba sai na rubuta fatauci. Ga shi aikina ke nan kullum, in tabbata abin da ke cikin takarda gaskiya ne, amma takardar farko da na sa wa hannu a ofis ƙarya na rubuta a cikinta. Wata rana kuma Baba ya dawo daga kasuwa ya biyo ta ofis don ya ga inda ɗansa ya ke aiki. Na hango shi ta taga yana jingine Ralinsa, da ragowar fatu a baya, sai na yi maza na fita na tare shi a bakin ƙofa, na durƙusa na gaishe shi a gurguje, na ce manya suna ciki, ba a son baƙi. Ya dube ni, ya ce, "To, Allah ya yi albarka, koma bakin aikinka." Ya hau kekensa ya tafi. Bai sake zuwa ba, bai kuma taɓa tayar mini da maganar ba har ya rasu a 2009. Bayan an yi sadakar arba'in ni da kaina na kira magina, aka cike ramukan da ƙasa, aka dafe da siminti, na gina shago a kai na ba da haya. Ƙanena a lokacin yana yaro, bai san kome ba cikin wannan.

To, ga ni tsaye a ƙasar Turawa, a ƙarƙashin ƙasa, an sa wa ramin jima fitila, mutane sun biya kuɗi suna leƙawa suna ɗaukar hoto. Matar ta ci gaba da bayanin yadda majeman Ingila su ke aiki a da. Ta ce su kan jiƙa fata cikin ruwan farar ƙasa mai kaifi don gashi ya saki, su kankare ta da wata wuƙa mai ƙota biyu, sa'an nan su tsoma ta cikin ruwan kashin kare ko na tsuntsaye don ta yi laushi, daga ƙarshe su jiƙa ta cikin ruwan ɓawon wani babban itace na ƙasarsu mai suna ok. Kirgin sa ya kan shekara ko fiye a cikin wannan ruwa kafin ya jemu. Da ta ambaci kashin kare yara suka toshe hanci suna dariya, daidai kamar yadda aka yi mini shekara talatin da wani abu da suka wuce.

Sa'an nan ta tambaya, ko akwai wanda zai iya faɗin irin fatar da aka jeme a nan? Kowa ya yi shiru. Ban san sa'ad da bakina ya buɗe ba, na ce wa ƙanena, "Gaya mata, ta awaki ce da tumaki. Ramin nan ba zai ci kirgi ba, ya yi ƙanƙanta." Ya faɗa mata. Ta haska ni da tocila, ta ce abin da masana su ke zato ke nan, kuma dalilin da suka bayar ke nan, ta tambaya yaya aka yi na sani. Jama'a duk suka waiwayo suna dubana. Ƙanena ya buɗe baki zai amsa, na riƙe shi, na tattara ɗan Turancin da na ke da shi, na ce mata ubana majemi ne, kakana ma haka. Rabon da in faɗi wannan magana a gaban mutane tun ina aji ɗaya.

Matar ta yi murna ƙwarai, ta ce shekarunta da yawa tana nuna ramukan nan, ba ta taɓa samun wanda ya yi aikin da hannunsa ba, ta roƙe ni in gaya musu yadda mu ke yi. Ina faɗi, ƙanena yana juyawa. Na ce mu da toka mu ke cire gashi, mu kankare da kartaji, abin da ɓawon itacen nan ya ke yi musu kuwa 'ya'yan bagaruwa ke yi mana, kuma fatar akuya kwanaki kaɗan ta ke yi ta jemu. In ana son ja sai a rina da karan dafi, a shafe ta da mai, a yi ta murza har ta yi laushi kamar tsumma. Na kuma gaya musu cewa fatun jajayen awakinmu sun daɗe suna ƙetare Sahara a kan raƙuma, Turawa suna sayensu da sunan fatar Maroko, ba su san daga ƙasar Hausa suka fito ba. Wani dattijo cikin 'yan kallo ya matso ya ba ni hannu. Yaran da suka toshe hanci suka yi tsit suna saurare.

Kafin mu fita na sa ƙanena ya tambaye ta yadda aka yi wurin ya tsira har yau. Ta ce saura kaɗan ya hallaka. Wajen ƙarshen shekarun 1960 aka rushe unguwar da ke sama don a gina wata babbar kasuwa, aka kuma yi shirin cike kogwannin da kankare. Mutanen gari suka tashi suka ce ba su yarda ba, masana tarihi suka bincika wurin, hukuma ta sa shi cikin kayan tarihin da doka ta tsare, aka sake tsarin ginin, a 1978 aka buɗe shi ga masu kallo. Da na ji an ambaci kankare sai na sunkuyar da kai, domin abin da aka hana magina yi a Notingam, ni na biya magina suka yi shi a gidan ubana, ba kuwa wanda ya tilasta ni.

Muka hau matakala muka fito, hasken rana ya kashe mini ido. Muka sami wani benci muka zauna, na kwashe labarin takardar nan da na zuwan Baba ofis na gaya wa yaron, ina faɗi hawaye suna zuba. Ya yi shiru wani lokaci, sa'an nan ya ce, "Yaya, ai kai ka biya mini kuɗin makaranta." Na ce, "Ni kuwa wa ya biya nawa? Da allo da tawada da rigar makaranta, duk daga ramin nan suka fito. Takardar da aka ba ka shekaranjiya ma, in ka bi salsalarta, warin jima za ka ji."

Kada mai karatu ya ɗauka ina cewa jima aikin daɗi ne. Aiki ne mai wuya, mai wari, ya kan cinye hannu ya karya baya, Baba da kansa ya sa mu makaranta don kada mu sha irin wahalar da ya sha. Turawan nan ma, a zamanin da majemansu su ke raye, gefen gari suka tura su, sai da sana'ar ta mutu suka san darajar raminta. Barin sana'ar gado ba laifi ba ne in Allah ya buɗa wa mutum wata hanya. Laifina shi ne jin kunyarta, da tare wanda ya haife ni a bakin ƙofa sabo da ita. Su majeman Notingam matar ba ta ambaci sunan ko ɗaya daga cikinsu ba, sai raminsu ya rage. Ni kuwa na san sunan nawa, na san muryarsa, na kuma san yadda ya ke riƙe kartaji, ga alƙalami a hannuna shekara ashirin, ban taɓa rubuta ko layi ɗaya a kansa ba.

Da na komo gida, bayan na huta gajiya, na tafi wurin baffanmu, ƙanen Baba, wanda shi kaɗai ya rage cikin waɗanda suka yi aikin, ga shi tsufa ya kama shi, idonsa ya yi rauni. Na durƙusa na ce, "Baffa, so na ke ka faɗa mini jima tun daga fari har ƙarshe, in rubuta." Ya ce, "Yau kuma? Kai da ba ka son warinmu?" Na ce, "Na tuba, Baffa." Ya yi murmushi, ya ce in kawo tabarma. Mun yi yammaci bakwai yana faɗi ina rubutawa, da sunayen kayan aiki, da na itatuwa, da na majeman unguwarmu tun daga kakansa, har na cika littafi guda. A rana ta ƙarshe ya sa aka ɗauko masa wani tsohon buhu daga ƙarƙashin gado, ya zaro kartajin Baba, ya ce ran da na kira magina ya tsince shi a juji ya ajiye. Yanzu yana rataye a zaurena, duk baƙon da ya tambaya na kan gaya masa ko na wane ne, 'ya'yana ma sun sani.

Saura abu guda. Ran da na koma aiki na nemi izni wurin magabacina, na buɗe kabad na ɗauko fayil ɗina, na nemo takardar nan da na cika ina saurayi, har ta yi ja don daɗewa. Ban kankare kome ba, gama akawu ba ya kankare takarda. Na ja layi ɗaya a kan kalmar fatauci, na rubuta jima a samanta, na sa hannu, na sa kwanan wata.

Shawarata ga 'yan'uwana ma'aikata, musamman samari masu tasowa, ita ce, wanda duk ya ke da tsoho a gida mai wata sana'a, ko jima ce, ko ƙira, ko rini, ko haƙar rijiya, ya je ya zauna gabansa tun yana da rai, ya tambaye shi, ya rubuta. In kuwa ya zo wurin aikinka, ka shigo da shi ciki, ka ba shi kujera, ka nuna shi ga manyanka. Ni na makara, nawa ya riga ya tafi. Allah ya jiƙan mahaifanmu, ya yafe mana abin da muka yi musu cikin wauta, amin.